Gayyar da Kamfani Ya Hana

Ku samarin da kuke taruwa a rumfar mai cajin waya ta bakin tasha, kowa ya sunkuyar da kai yana harbin mutanen da bai taɓa gani ba a wasan waya, na ji abin da kuke faɗa a kaina. Wai Malam Hamisu ya tsufa yana cin abinci da abin da kowa zai iya, wato rubuta koke. Wai mene ne a ciki, ba buɗe waya ba ne ka gaya wa masu wasan cewa su ɓarayi ne, Allah ya isa? To, na ga irin takardun naku. Shekaranjiya wani cikinku ya nuna mini tasa yana alfahari: layi tara, bakwai zagi ne, ɗaya tsinuwa, na ƙarshe kuma yana roƙon a taimaka masa don girman Allah. Ko sunan da yake shiga wasan da shi bai saka ba. Har yau yana jiran amsa, yana cewa mutanen waje ba su da tarbiyya.

Ni a ƙarƙashin wata darbejiya kusa da kotu a Yelwa na koyi wannan aiki, wajen Malam Dantani, Allah ya jiƙansa. Kayan aikinsa ba su da yawa: tebur mai ƙafa ɗaya gajera da muke tokarewa da fasasshen bulo, tsohuwar tafireta da take cije takarda in an matsa mata, takardar kabon, ambulan, kan sarki, da 'yar kwalbar tawada don mai dangwala yatsa. Shekara guda cur bai bar ni na taɓa tafiretar ba. Aikina in zauna in saurara. In mai ƙara ya zo yana huci, Malam Dantani ba ya ko kallon takarda. Sai ya miƙa masa ruwa a moɗa, ya bar shi ya zagi wanda zai zaga, tun daga kansa har kakansa. Sai mutum ya gaji, muryarsa ta sauka, sannan ya gyara zama ya ce, "To, madalla. Yanzu hwaɗa min abin da ya hwaru."

Aikin da na fara yi da hannuna na wani manomi ne daga wajen Shanga, wanda dorina ta fito daga kogi ta yi kiwo a shinkafarsa har ta ƙoshi. Malam Dantani ya tafi jana'iza, ni kaɗai ne a tebur, na ga dama ta samu. Na zuba duk Turancin da na haɗiye a makaranta, shafi huɗu. Na gai da babban jami'in, na gai da ofishinsa, na yi masa addu'ar ƙarin girma, na kawo tarihin noman shinkafa a ƙasar Yauri. Manomin ya ga yawan takarda, daɗi ya kama shi, har ya ba ni busasshen kifi. Da Malam Dantani ya dawo, ya karɓi kwafin kabon, ya karanta shafin farko, ya juya na biyu, ya juya na uku, sannan ya ɗago kai.

"Hamisu, ina dorinar?"

Na ce tana shafi na huɗu.

"Wanda za ya karanta wagga takarda, kana tsammanin shina da lokacin bin ta har shafi na huɗu? Tun ga na biyu za ya naɗe gyaɗa da ita."

Ya sa aka kirawo manomin daga tasha, ya sake bugawa a gabana, rabin shafi. Wane ne mai ƙara, gonarsa tana ina, wace rana abin ya faru, su wa suka gani, da abu ɗaya tak da yake so a yi masa. A nan manomin ya rikice, don yana son a harbe dorinar, a biya shi diyya, a ba shi iri, a kuma ja kunnen maƙwabcinsa da ya yi dariya. Malam Dantani ya ce ya zaɓi ɗaya. Ya zaɓi iri, kuma an ba shi. Kifin kuwa Malam Dantani ne ya tafi da shi gida, ya ce ladan gyara ne.

Shekarar da aka yanke mana Jihar Kebbi daga Sakkwato ni ke riƙe da teburin, maigidana ya tsufa ya koma gida. Ban taɓa ganin ciniki irin na lokacin ba. Duk ƙauyen da yake da kuka biyu da masallacin Juma'a yana son ƙaramar hukuma tasa. Duk wanda ya taɓa wucewa ta gaban makaranta yana neman aiki a Birnin Kebbi. Masunta daga Ngaski sukan sauka daga jirgi da safe da rigimar taru da iyakar ruwa, mutanen da aka tasa daga tsibirai lokacin da ruwan Kainji ya hau kuma suna nan da tsohon kokensu, adireshi kawai nake canzawa. A lokacin na koyi cewa komai kyan takarda, in ta shiga ƙofar da ba tata ba, ta ɓata ke nan. Na koyi kuma cewa ba a rabuwa da kwafi, don akwai ofishin da sai ka nuna masa abin da ka aiko kafin ya tuna ya taɓa ganinka.

Mummunar shekarata ita ce wadda wayar hannu ta shigo Yelwa. Tsohon da a da yake zama a bencina in rubuta wa ɗansa a Legas cewa rufin ɗaki yana yoyo, yanzu sai ya tsaya a ƙarƙashin lemar masu buga waya ya yi ta ihu, duk kasuwa ta ji. Shagunan kwamfuta kuma suka buɗe, suna fitar da takarda da furanni a gefe, ba komai a tsakiya. Na taɓa yin kwana tara ba wanda ya zauna a bencin nan sai wata akuya. Ribin tawadar tafireta ya bushe. Na gwada noman shinkafa a fadamar ƙanina, cikin kwana uku hannuna ya yi kanta da bororo, ƙanin nawa ya roƙe ni in koma gida don ina rage wa ma'aikata ƙwazo. Na ji kunya ƙwarai a shekarar nan, ba zan ɓoye muku ba.

Yakubu ne ya cece ni, wani ɗan unguwarmu da ya yi karatu a Kaduna ya dawo ya buɗe kafe ta intanet: kwamfuta takwas, janareta mai tari, da wani ƙaton faranti a kan rufi yana kallon sama. Ya lura mutane suna zuwa da son aika saƙo ko cike fom, amma in an zaunar da su sai su rasa abin cewa. Ya ba ni tebur a lungu. Da furfurata na koyi kwamfuta, ina dukan maɓallanta yadda na saba dukan tafireta, Yakubu yana roƙona in yi mata a hankali, ba ta yi mini laifin komai ba.

Ban san wanda ya kawo wasan kafen nan ba. Wasa ne na gina gari. A ba ka fili a wata duniya ta cikin kwamfuta, ka yi noma, ka sari itace, ka gina rumbu da ganuwa, ka tara mayaƙa. Abin da ya sa ya kama mutanenmu, ba ya buƙatar sabis mai ƙarfi, kuma ko ka tafi gida garinka yana nan yana aiki, maƙiya daga wasu ƙasashe suna iya zuwa su kwashe maka hatsi. Kada ku ɗauka yara ne. Su goma sha biyu ne masu yi, duk magidanta, har da Alhaji Bawa dillalin kifi, mai iyali da surukai, wanda yake shigowa yana cewa farashin kifi a Anacha ya zo dubawa, ya zauna awa biyu yana ƙirga dawakin yaƙi.

Gwaninsu Sule Direba ne. Sule ya yi shekaru yana tuƙa jirgi mai inji tsakanin Yelwa da ƙauyukan bakin tafki, har ranar da jirgin ya daki kututture a ƙarƙashin ruwa, farfela ta ci ƙafarsa ta dama, aka yanke ta daga gwiwa. Daga nan duniyarsa ta koma tabarma a zaure, masu wucewa suna ce masa sannu. Murtala ɗan kabu-kabu, abokinsa tun na ƙuruciya, shi ya fara ɗauko shi a babur bayan azahar ya kawo shi kafe ya sha iska. Cikin shekara biyu Sule ya gina garin da babu irinsa a yankinsu na wasan. Mutane daga ƙasashen da ba mu iya faɗin sunansu ba suna aiko masa da saƙo, suna neman ya shiga tsakani a rigimarsu, ni nake fassara masa. Wata rana ya ce da ni, "Malam, ka san abin da ni ka so ga wurin ga? Ba wanda ya taɓa ce min sannu." Shi dariya yake yi, ni kuwa tausayinsa ya kama ni.

Sai ciwon dungun ƙafar ya tashi, aka ce sai an kai shi asibiti a Sakkwato, zai yi sati uku ko fiye. To, kun san halinmu. In mutum ya kwanta ciwo da damina ba a barin gonarsa ta zama daji. Gayya ake kira, maƙwabta su fito da fartanya su nome masa. Alhaji Bawa ya tara su a bakin kafe ya ce, "Jama'a, garin Sule ba ya lalacewa muna raye. Kowa shi ɗauki rana guda."

Sule ya rubuta lambar sirrinsa a takarda, aka manna ta a bango kusa da agogo, yadda ko mai sayar da ruwan leda zai iya karantawa. Yau wannan ya shiga ya girbe masa, gobe wancan ya ɗaga masa ganuwa. Ba su tsaya nan ba. Kowa ya riƙa tura masa gudummawa daga nasa garin, hatsi, itace, ƙarfe. Murtala ya tura masa dawaki ɗari, wai na dubiya. Ina zaune a lunguna ina kallo, har ina yaba musu, don ni ma ban ga laifin komai a ciki ba.

Ranar da Sule ya dawo, a rame amma fuska a sake, aka zaunar da shi a gaban kwamfuta, jama'a suka tsaya a bayansa suna jiran godiya. Ya sa lambarsa. Sai wani jan rubutu ya fito. Aka kira ni in fassara. Kamfanin wasan ya ce an rufe garin saboda maguɗi: mutane da yawa suna shiga gari ɗaya, garuruwa goma sha ɗaya daga layin intanet ɗaya kuma suna zuba wa ɗaya kaya, alamar mutum guda ne ya buɗe su duka don ya ciyar da kansa. In ba a kawo hujja cikin kwana goma sha huɗu ba, za a share garin gaba ɗaya. Sule ya ɗauki sandarsa ya ce Murtala ya mai da shi gida.

Yanzu ku saurara, ku ga kanku. Ba wanda ya nemi shawarata, ni tsohon zamani ne. Murtala ya fara, da manyan baƙaƙe, rabi Turanci rabi Hausa, ya zagi kamfanin, ya zagi mai kamfanin, ya haɗa da ƙasarsu. Sau ashirin yake aikawa a yini. Kowane saƙo sai na'ura ta amsa masa nan take, ta gode masa da ƙaunar da yake yi wa wasan, ta roƙe shi ya ba su tauraro ɗaya zuwa biyar. Alhaji Bawa ya ce ba haka ake yi da manya ba.

"Su ba su da wani babba da za mu tahi mu gaishe shi? In haɗa mishi kwalin kifi mai kyau, wanda anka ƙyafe jiya."

Yakubu ya ce babban nasu yana bayan teku. Alhaji ya tambayi ko akwai motar da take zuwa kusa.

Daga nan suka yi shawara mafi muni. Suka tsara saƙo ɗaya na shaida cewa Sule mutumin kirki ne, su goma sha ɗaya kowa ya aika shi, harafi da harafi, daga kafe ɗaya, cikin awa ɗaya. Kamfanin da yake zargin mutum guda ne yake buɗe garuruwa sai ga hujja an kai masa har gida. Haka aka cinye kwana bakwai.

A rana ta takwas Murtala ya zo ya tsaya a gaban teburina yana sosa ƙeya.

"Baba, Sule ya daina hita. Ko abinci sai innarshi ta yi da gaske. Ka taimaka."

Na so in ja rai, amma ban iya ba. Na zauna na shiga rubutu. Kuma don kada ku ce ina yabon kaina, ga abin da na yi. Akwatin da kamfanin ya tanada na koke ba ya ɗaukar rubutu mai yawa, ni kuma ban lura ba. Na buɗe da gaisuwa irin ta ofis, na yi fatan alheri ga shugaban, na tambayi lafiyar iyalinsa da ta ma'aikata, ina shirin shiga magana na danna aikawa. Ashe akwatin ya cika tun a wajen iyali. Abin da ya isa bayan teku gaisuwa ce zalla daga wani dattijo a Yelwa. Bayan duk shekarun nan na sake kai dorina shafi na huɗu. Na'urar ta gode mini, ta nemi tauraro.

Washegari na yi abin da ya kamata in fara da shi. Na sa tabarau na karanta dokokin wasan tun daga farko har ƙarshe, dokokin da mutum goma sha biyu suka danna cewa sun karanta sun amince, ba wanda ya karanta ko layi ɗaya. Ga shi nan a fili: ba a shiga garin wani, waɗanda suke layi ɗaya kuma ba sa tura wa juna kaya. Na gano kuma duk ihun da aka yi sashen gyaran na'ura aka kai shi, alhali akwai ƙofa daban ta waɗanda aka rufe wa gari. Na sa Murtala ya ɗauko Sule, aka taru, na gaya musu cewa a dokar mutanen nan mun yi laifi.

Murtala ya ce a rubuta ɓarayin intanet ne suka saci lambar. Alhaji Bawa ya ce a'a, a dai ce ba wanda ya shiga, a rantse in ta kama. Na ce musu kamfanin yana da rubutaccen lokacin kowace shiga da kowace fita, kuma mai karanta koke ƙarya ɗaya yake nema don ya ajiye takardar ya huta. Gardama ta kaure. Sule ne ya raba ta.

"Malam, rubuta gaskiya. Ba sata anka yi ba."

Na hana kowa aika komai, na ce duk wanda hannunsa yake ƙaiƙayi ya je ya taya Yakubu zuba wa janareta mai. Sannan na tsara takardar. Sunan garin da lambar duniyar da yake ciki. Ranar da Sule ya tafi asibiti da ranar da ya dawo, tare da hoton katin asibitin. Layi biyu na cewa nan kafe ce, layin intanet ɗaya ne a unguwar, mutum goma sha biyu ne na gaske. Layi ɗaya na amsa laifi, ba kwana-kwana. Layi biyu na bayanin cewa a ƙasarmu in mutum ya kwanta ciwo maƙwabta ne suke nome masa gona, kuma abin da suka ɗauka suna yi ke nan. Sai buƙata ɗaya: a buɗe garin, kayan da aka tura kuwa a kwashe su. Alhaji ya so a ƙara neman su ba da haƙuri, na ce in sun buɗe ya je da kansa ya karɓo.

Hujja ta ƙarshe hoto ce. Aka jera su a gaban kwamfutocin, kowa riƙe da takarda mai sunan garinsa, Sule a tsakiya a kan kujera. Alhaji Bawa ya zo da babbar riga da hula mai aiki, amma da mai hoto ya ɗaga kyamara sai ya rufe fuskarsa da takardar, wai kada surukansa su gani. Sai da Yakubu ya rantse masa cewa surukansa ba sa aiki a kamfanin sannan ya sauke ta zuwa haɓa. Na aika sau ɗaya. Na ajiye kwafi da lambar da suka ba ni, na ce a jira.

Jira shi ne rabin aikin nan, kuma shi ne ba ku iyawa. Kwana uku Murtala yana kewaye teburina yana tambaya ko in ƙara musu ɗan zagi kaɗan don su san da gaske muke. Saura kwana ɗaya wa'adi ya cika amsa ta zo, kuma mutum ne ya rubuta ta, ba na'ura ba. Ya ce ya daɗe a aikin bai taɓa jin irin wannan dalili ba, ya ce ya yarda. An buɗe garin, an kwashe gudummawar. Amma da sharaɗi: daga yau duk wanda ya tura wa garin Sule ko ƙwayar hatsi ko soja ɗaya daga wannan layi, za a share garin mai turawar, ba ɗaukaka ƙara. Na karanta musu sau biyu, na fassara sau biyu, kowa ya ce ya ji. Sule ya shiga garinsa. Murtala kuwa ya fita yana gaya wa 'yan kabu-kabu cewa zaginsa ne ya yi aiki.

Da labarin ya tsaya nan da na ji daɗi. Amma da aka kwashe gudummawar, an haɗa da dawaki da mayaƙan da aka tara da ita, garin ya zama ƙato ba masu tsaro, kuma maƙiya sun lura. Bayan kamar kwana goma, ana idar da azahar Sule ya shiga ya tarar da gargaɗi: runduna tana tafe, irin wadda take rushe gari har ƙasa. Wasan yana nuna agogo, saura awa biyu ta iso. Abokansa na ƙasashen waje suna nesa, taimakonsu sai gobe. Waɗanda suke kusa su ne mutum goma sha ɗayan nan, don tun farko kowa ya nemi fili a gefen Sule, yadda muke gini kusa da 'yan'uwa.

Labari ya zaga, kafin rabin awa duk sun hallara, har da wanda ya bar fasinja a hanya. Suka tsaya a bayansa suna kallon agogo. Na tashi na tuna musu da sharaɗin, don aikina ne.

Sule ya ce, "Kada wanda ya taɓa komi. Kun ji ni? Ku bar shi. Kowa da wahala ya gina nashi."

Saura awa ɗaya. Alhaji Bawa ya fita ya tsaya a rana, ya dawo, ya sake fita. Garinsa shi ne na biyu a girma, kuma na san sau nawa ya bar kifi a hannun yaransa na kasuwa saboda shi. Da ya dawo na uku sai ya zo teburina.

"Malam Hamisu, sake karanta min sharaɗin ga."

Na karanta.

"Nau kaɗai za su share? Na Sule ba su taɓa shi?"

Na ce haka aka rubuta.

Ya naɗe hannun rigarsa ya zauna a kwamfuta ta uku. Sule ya juyo yana cewa, "Alhaji, don Allah! Na ce a bari!"

Alhaji bai ko kalle shi ba. Ya ce, "Mun ji ka. Ran da ruwa ya ci ƙafarka ba mu nan. Wanga karon muna nan."

Ya tura duk abin da ya mallaka mai riƙe mashi. Murtala ya ture wani ya zauna. Ban da ta Sule kwamfuta bakwai ce, mutum goma sha ɗaya, sai aka yi layi, mai gamawa ya tashi na baya ya zauna. Yakubu ya tsaya a kan janareta yana mata addu'a kada ta mutu. Rundunar ta iso daf da la'asar, ta tarar da abin da ba ta zata ba, ko mutum ɗaya bai koma ba. Ihun da aka yi a kafen nan har masu shaguna suka leƙo suna tambaya ko haihuwa aka yi.

Da safe garuruwa goma sha ɗaya sun ɓace. A taswirar wasan garin Sule ne kaɗai a tsaye, kewaye da fili. Sule ya daɗe yana kallo, sannan ya dogara sandarsa ya zo teburina, idanunsa jawur.

"Malam, rubuta musu. Ka iya. Ka sa su mayar musu."

Na ce, "Sule, ba ni da abin rubutawa. An gaya musu, sun ji, sun yi da idonsu biyu. Wannan ba koke ba ne."

Alhaji Bawa yana bakin ƙofa yana cin goro. Ya ce, "A'a, rubuta. Ni za ni hwaɗa maka." Na jawo kujera, na ɗora yatsu. Ya ce, "Ce musu mun sani. Ce musu mun yi. Ce musu in anka sake kawo mishi hari, za mu sake."

Na jira in ji buƙatar, ya ce shi ke nan. Na buga layi ukun, na jera sunayensu goma sha ɗaya a ƙasa. A duk tsawon aikina ban taɓa sa sunana a takardar wani ba, mai rubutu ba ya shiga rigimar mai ƙara. Ranar nan, ni da ban taɓa gina ko bukka a wasan ba, na ƙara nawa ya zama na goma sha biyu, sannan na aika.